Littafin bashin Kawu a cikin filash: yadda aikin ke tafiya

Asabar, 6 ga Janairu 2024

Tun da asuba Kawu ya kira ni daga Argungu, bai ko tsaya mun gama gaisuwa ba. Kwamfutar shago ta ƙi tashi. Na ce ya kara wayar kusa da ita, sai na ji ƙas, ƙas, ƙas, kamar ana ƙwanƙwasa ƙofar langa-langa da farce. Duk mai gyara ya san wannan sautin, faifan ajiya ne ke kan gargara. Na ce, "Kawu, don Allah ku kashe ta, kada kowa ya sake kunnawa sai na iso."

Shagonsa na taki ne da iri da maganin feshi, kuma rabin cinikinsa bashi ne. Manoman rani na fadama su ɗauki yuriya da kamfa yanzu, su biya da kuɗi ko da buhunan shanshera in an yi girbi. Littafin ya fara kumbura ne tun 2015, lokacin da aka ƙaddamar da shirin bai wa manoman shinkafa rance a Birnin Kebbi, kowa ya faɗa noman. Bana kuwa, da cire tallafin mai a watan Mayun bara, kuɗin da mutum zai sayi taki da shi ya tafi a tankin injin ban ruwa, masu karɓar bashi suka ƙara yawa. Duk wannan lissafin yana cikin wata ƙaramar manhaja da wani ɗan bautar ƙasa ya rubuta masa shekaru goma sha da suka wuce. Ya gama hidimarsa ya koma garinsu, lambarsa ma ta daina shiga tuntuni.

Na cire faifan, na zo da shi da kwamfutar Birnin Kebbi. Daren nan na jona shi da tawa kwamfutar na sa masa ddrescue, wadda ke fara kwashe wuraren da ke da lafiya, sannan ta dawo tana lallaɓa wuraren da suka lalace. Allah ya taimaka, jakar manhajar ta fito lafiya lau, har da fayil ɗin da ya fi komai, mai ƙarewa da .mdb. Shi ne littafin bashin. Bai kai girman hoto uku na waya ba, amma arzikin shagon kaf yana ciki. Na kwafe shi wuri uku kafin na kwanta.

Litinin, 8 ga Janairu

Wannan ce kwamfuta ta uku da ta mutu a shagon, kuma kowane karo sai an nemo ni. Zafi da ƙurar hunturu da ƙurar taki ba sa barin na'ura ta yi tsawon rai a wurin. Hanya mai sauƙi na san ta: sabon faifai, a sake ɗora Windows, a mayar da manhajar, shi ke nan. Da na yi haka da yau na gama. Amma shekara biyu masu zuwa mu sake komawa gidan jiya, kuma Windows 7 ɗin da ke kanta tun Janairun 2020 masu ita suka daina kula da ita. Abin da nake so shi ne littafin ya daina zama bawan kwamfuta guda. A sa komai a filash, in wannan ta mutu a zare a soka wa wata, a ci gaba da ciniki. Ba zan ɓoye ba, akwai son gwaji a ciki.

Na zaɓi Slax. Babbar manhaja ce ta dangin Linux wadda wani ɗan ƙasar Cek, Tomáš Matějíček, ya daɗe yana haɗawa, an yi ta ne musamman don ta zauna a filash. Na ɗauki ta 12, wadda aka gina a kan Debian 12, ba ta kai rabin gigabait ba. Abin da ya ja ni gare ta shi ne tsarin ƙunshi. Duk abin da ke cikinta an naɗe shi ƙunshi-ƙunshi, kowanne fayil guda mai ƙarewa da .sb, suna zaune a jakar modules. In ta tashi sai ta jera su bisa lambobinsu, wani kan wani, kamar an shimfiɗa tabarmi, na sama ya rufe na ƙasa. Kana son ƙarin abu, ka jefa ƙunshinsa a jakar. Ba ka so, ka cire.

Sai dai an fara da cin kasuwata. Filash ɗin da na saya a wani teburi, an rubuta gigabait 32 a jikinsa ɓaro-ɓaro, da na gwada shi da f3, wadda ke cika shi da rubutu ta dawo ta karanta, sai ga shi bai riƙe ko kashi ɗaya cikin huɗu ba. Sauran duk iska ne. Irin wannan ne za ka zuba masa kaya ya ce ya karɓa, ranar da ka nema ka tarar da wayam. Na mayar, mai teburin ya rantse shi ma haka aka kawo masa, na yarda da shi, ya canza mini da na 16 da ya ci jarrabawa. Ɗora Slax ba wani aiki ba ne: ka kwafe jakar slax zuwa filash, ka shiga boot ka kunna bootinst, an gama.

Laraba, 10 ga Janairu

Yau aka shiga ainihin aikin. Manhajar Kawu ta Windows ce, Linux kuwa ba ta jin yarenta. Abin da ke shiga tsakani shi ne Wine, kuma ni tafinta nake kiransa, don aikinsa ke nan. Ba ya ƙera wata kwamfutar ƙarya a cikin kwamfuta, kuma babu Windows a cikinsa. Manhaja za ta ce "buɗe mini fayil kaza" ko "zana mini akwati a nan" da yaren Windows, shi kuma nan take ya juya maganar zuwa abin da Linux ke ganewa, ya karɓo amsa ya mayar mata. Shi ya sa ba ya nauyi, tsohuwar kwamfuta ma na iya ɗaukarsa. Tun 1993 aka fara shi, Alexandre Julliard ke jagorantarsa tun 1994, kuma sai a 2008 suka yarda suka kira shi na ɗaya. Shekara goma sha biyar suna koyon yaren da mai shi bai taɓa zama ya koya musu duka ba. In wani abu ya ƙi aiki a Wine, nakan tuna da wannan kafin in yi tsaki.

Yadda ake haɗa ƙunshi a Slax: ka tashe ta a sabon farawa, wato ba tare da ta tuna komai na jiya ba, ka ɗora abin da kake so, sannan ka ce savechanges, ta naɗe duk abin da ya canza ta ba ka fayil guda.

Na yi gwajin a kan kwamfutar Kawu, da yake ita za ta yi aikin. Kuskure ne. A sabon farawa duk abin da ka ɗora a ram yake zama, wato ma'ajiyar wucin gadi da ke gogewa in an kashe na'ura, ba a filash ba, ita kuwa ram ɗin gigabait 2 gare ta. Ana tsakiyar warware kaya sai baƙin allo ya ce babu sauran wuri, komai ya daskare, ko linzami ya ƙi motsi. Datar da na saya ta mako guda ta tafi a banza, don da na kashe na kunna babu abin da ya rage.

Alhamis, 11 ga Janairu

Na ari kwamfutar maƙwabcina mai gigabait 8, na jira sai bayan sha biyun dare da intanet ke ɗan sakin jiki.

Abin da na gano jiya kafin ta daskare: Slax ɗina ta sabon tsarin gini ce, mai bit 64, manhajar Kawu kuwa ta tsohon tsari, mai bit 32, kamar duk abin da aka rubuta da yaren haɗa manhaja na Visual Basic 6. Wine na 8.0 da ke rumbun Debian 12 ba zai iya da ita ba sai an kawo masa kayan aikin 32 gaba ɗaya. Don haka sai da na fara da `dpkg --add-architecture i386`, na sabunta jerin kaya, sannan na nemi wine da wine32 kaɗai, na bar na 64 tun da ba ni da abin yi da shi. Na kuma hana shi jawo kayan rakiya da yake ba da shawara. Wannan ya rage nauyin sosai.

Savechanges ta ɗauki kamar minti goma tana matsa kaya. Na sa wa ƙunshin suna 10-wine.sb don ya hau saman na asali, na jefa shi a modules, na sake tayarwa, na rubuta winecfg, umarnin da ke buɗe akwatin saitin Wine. Akwati ya buɗe, amma rubutun ciki ya fito a hargitse, wasu wurare ƙananan murabba'ai kawai. Rowar da na yi ce ta kama ni, cikin kayan rakiyar da na ƙi har da fonts-wine, haruffan da yake rubutu da su. Na ƙara su, na sake naɗewa. Ƙarfe uku da rabi na dare akwatin ya fito tsaf.

Lahadi, 14 ga Janairu

Wine na gina wa manhajojin Windows wani ɗaki nasu, ɓoyayyar jaka mai suna .wine, a cikinta akwai drive_c wadda manhaja ke gani a matsayin C ɗinta. Na gina ɗakin da WINEARCH=win32, wato ɗaki na 32, na zuba jakar Kawu a inda take zaune a da, na kira ta.

Ta ƙi. Ta fara da neman msvbvm60.dll, wato injin da duk manhajar Visual Basic 6 ke hawa. Akwai wani ɗan taimako da ake kira winetricks, wanda ya san inda ake samo irin waɗannan tsofaffin kaya da yadda ake ɗaura su. Na ce masa vb6run, ya kawo. Sai ta buɗe ta nuna hoton buhun taki da ɗan bautar ƙasar nan ya sa a fuskar farko, na yi murna, na danna shiga, ta watso mini kuskure mai lamba 339: ba ta ga MSCOMCTL.OCX ba. Wannan na same shi a kwafin tsohon faifai, na ɗauko na yi masa rajista da regsvr32. Ta ƙara taku ɗaya, ta sake tsayawa a kan na jadawali, shi ma na ɗauko. Haka muka yi ta yi kamar mai jan akuya zuwa kasuwa.

Na ƙarshe shi ya fi cin rai, lamba 3706. Manhajar ta tashi sarai amma ba ta iya buɗe littafin, don fayil ɗin .mdb na Access ne, manhajar ajiye bayanai ta Microsoft, kuma injin da ke karanta shi, Jet 4.0, ba ya cikin Wine. Winetricks na da mdac28 da jet40, kuma jet40 ba ya shiga sai a ɗaki na 32, abin da ya sa na gina shi haka tun farko. Saukewar ta katse sau biyu. A karo na uku ta wuce, kuma na lura yana ajiye abin da ya sauke a jakar .cache, na kwashe su na adana don kada in sake biyan kuɗin data a kansu.

Bayan la'asar sunayen suka bayyana. Ƙauye-ƙauye, buhu-buhu, kowa da abin da ake bin sa. Kuɗin an rubuta su da =N= a gaba, don tsohon tsarin haruffan da manhajar ke amfani da shi bai san alamar naira ba, kamar yadda bai san ƙ da ɗ da ɓ ba. Duk wani Ɗan-wane a littafin Dan-wane ne. Na kira Kawu na karanta masa mutum uku na farko da abin da ke kansu. Ya yi shiru, sannan ya ce, "Su ne. Allah shi yi maka albarka."

Na sake savechanges don in haɗa duka a ƙunshi na biyu, 11-shago.sb.

Laraba, 17 ga Janairu

Jiya aka fitar da Wine 9.0, kuma babban labarinsa shi ne sabuwar hanyar tafiyar da manhajojin 32 ba tare da jibgo kayan 32 na Linux ba, daidai wahalar da na sha makon jiya. Ba a kunna ta kai tsaye ba tukuna, kuma ba ta cikin rumbun Debian 12. Na karanta, na ji ƙaiƙayi a hannu, na rufe. Abin da ke aiki ba zan taɓa shi ba ana tsakiyar rabon taki.

Asabar, 20 ga Janairu

Na kai Argungu. Hazo ya rufe hanya har direba na kunna fitila da hantsi.

Kwamfutar Kawu yanzu babu faifai a cikinta sam, ramin a buɗe yake, na toshe shi da ɗan kwali saboda ƙura. Na soka filash, na danna F9, na zaɓe shi, cikin minti guda da 'yan daƙiƙu ga hoton buhun taki. Yaron shago, ɗan ƙanwar matar Kawu ne da ya gama sakandare bara, ya zauna ya shigar da cinikin mako biyu da suka rubuta a littafin makaranta tun ranar da kwamfuta ta mutu. Ya ɗauki fiye da awa biyu, yana karantawa da ƙarfi, Kawu na gyara masa daga kan buhunan da yake zaune. Muka tafi sallar azahar, na ce a kashe don a huta da batirin sola.

Da muka dawo aka kunna, babu ko ɗaya. Littafin ya koma yadda yake ranar 5 ga wata, kamar yaron bai taɓa zama ba.

Kawu ya dube ni ta saman tabarau. "Wanga abu naka mantuwa gare shi? Mi anka yi da aikin yaro?"

Na san abin da ya faru tun kafin ya rufe baki, kuma kunya ta kama ni. Ranar Lahadi da na naɗe ƙunshi na biyu, na naɗe har da littafin a ciki. Ƙunshi kuwa karantawa kawai ake yi, ba a rubutu a kansa. Duk abin da yaron ya shigar a ram ya tsaya, a saman ƙunshin, kuma da yake na saita ta tashi a sabon farawa, ana kashewa ya bi iska, tsohon littafin da ke daskare a ƙasa ya sake fitowa. Na'urar ta yi daidai abin da aka gina ta ta yi. Ni ne na ɗauki abin da ke canzawa kullum na ɗaure shi tare da abin da ba ya canzawa.

Na ce, "Kawu, laifina ne, ba na yaro ba. Ku ba ni kwana biyu." Ya ce littafin makaranta dai bai taɓa yi masa haka ba, ya sa yaron ya mayar da shi cikin durowa. Ban ce komai ba, don gaskiyarsa ce. Na ba yaron kuɗin tsire.

Litinin, 22 ga Janairu

Akwai gyara mai sauƙi: Slax na da zaɓin tashi tana tuna canje-canje. Na gwada na fasa. A filash mai tsarin ajiye fayil na FAT32, irin nawa, tana zuba canje-canjen ne a wani fayil nata na musamman cikin jakar changes, wanda in ka soka filash ɗin a kwamfutar Windows ba za ka ga abin da ke cikinsa ba. Wato littafin zai sake shiga wani kurkukun. Ga shi kuma za ta riƙa tuna komai, har da duk ɓarnar da yaro zai yi in ya shiga danne-danne.

Na kuma gwada mayar da ɗakin Wine gaba ɗaya kan filash a fili. Shi ma bai yiwu ba, don ɗakin cike yake da manuniya, irin fayilolin da ba komai a cikinsu sai nuni zuwa wani wuri, ga sunaye masu ɗigo biyu kamar c:, kuma FAT32 ba ta san ko ɗaya ba.

Abin da na tsaya a kai shi ne raba kaya uku. Slax da ƙunshin Wine su zauna a daskare. Ɗakin Wine da manhajar su zauna a ƙunshi na biyu, su ma a daskare, amma na cire littafin daga ciki. Littafin kuwa na buɗe masa jaka a fili a kan filash, na sa mata suna LITTAFI da manyan baƙaƙe. Slax na rataye filash ɗin da ta tashi daga kansa a /run/initramfs/memory/data, don haka a daidai inda manhajar ke neman jakar bayananta na dasa manuniya zuwa can. Manuniyar tana cikin ƙunshi, inda aka san irinta, littafin yana waje. Manhajar na zaton tana rubutu a C, alhali a filash take yi.

Na gwada sau goma: in shigar da bashin ƙarya, in kashe, in kunna. Yana nan. Na soka a kwamfutar Windows, ga jakar LITTAFI, ga fayil ɗin, kowa na iya kwafewa.

Na ƙara abu biyu. Na rubuta ɗan umarni da ke buɗe manhajar, in an rufe ta ya kwafi littafin zuwa wata jaka da kwanan wata a sunansa, ya tabbatar komai ya sauka a filash, sannan ya kashe kwamfutar da kansa. FAT32 ba ta yafe wa wanda ya zare ta ana rubutu. Na kuma cire Z, ƙofar da Wine ke buɗe wa manhajojin Windows su ga duk abin da ke cikin na'ura. Mutane na cewa Linux ba ta kamuwa da cutar Windows, amma tafinta ba ya tambayar halin wanda yake yi wa fassara, in ka ba shi mugun fayil zai tafiyar da shi. Abu guda da bai kwanta mini ba shi ne Slax na shiga ne a matsayin root, mai cikakken iko, masu Wine kuwa sun hana a yi haka. Na bar shi a haka don ƙaramin mai amfani ba ya iya rubutu a filash ɗin ba tare da ƙarin saiti ba. Bashi ne a kaina.

Na aika da filash ta hannun direba, na bi yaron da bayani a waya.

Asabar, 3 ga Fabrairu

Kwana goma lafiya, har na fara yi wa abokai burga. Yau yaron ya kira, murya ƙasa-ƙasa don kada Kawu ya ji: cinikin shekaranjiya ya ɓace, na yau kuma ba ya fitowa a lissafin wata.

Gabana ya faɗi, na zaci mantuwar ce ta dawo. Na ce ya nemi sunan mutum guda da ya tabbata ya shigar. Ya same shi, amma a ƙarƙashin 2 ga Janairu. Na yau kuma ya tafi 2 ga Maris, watan da bai ma kama ba.

Sai na gane. Yaron na rubuta rana, wata, shekara, yadda muke yi. Wine kuwa, da bai tarar da saitin ƙasa ba, ya ɗauki na Amurka, inda wata ke gaba. Abin da ya ɓoye matsalar shi ne wayon Visual Basic: in ka rubuta 25/01, ya san babu wata na 25, sai ya juya da kansa ya yi daidai. Duk ranakun da muka yi aiki a Janairu sun wuce 12, shi ya sa ba a ga komai ba. Ana shiga 01/02 ya karanta ta a matsayin 2 ga watan ɗaya, bai yi ko tari ba. Na 02/02 ne kaɗai ya tsira, don ko ta ina ka juya shi ɗaya ne.

Wannan ya fi na ranar 20 haɗari nesa ba kusa ba. Wancan ya ɓace kowa ya gani. Wannan kuwa yana nan, ya zauna a inda ba nasa ba, kuma Kawu na lissafin wa'adin biya ne daga ranar ɗauka. Da an kai girbi a haka, da an tashi wani bawan Allah da rigimar cewa ya wuce wa'adi da wata guda. Na ce yaron ya koma littafin makaranta har in zo.

Talata, 6 ga Fabrairu

Na ɗora locales, kayan saitin ƙasa da yare, na samar da saitin Ingila, wanda ke sa rana a gaba kamar namu, na sa umarnin buɗewa ya riƙa kiran Wine da shi. Na gyara agogo ma zuwa lokacin Legas, don yana gaba da awa guda: Linux na ɗauka agogon cikin na'ura a lokacin duniya yake, sai ta ƙara masa awa ɗaya ta Najeriya, alhali Windows ta bar shi a lokacinmu. Duk wannan a ƙunshi na biyu kaɗai, ban taɓa na Wine ba. Nan na ji daɗin raba su da na yi.

Shigarwa goma sha tara ne suka karkace. Muka bi su ɗaya bayan ɗaya da littafin makaranta a gefe, Kawu na riƙe da shi da kansa yana bin layi da ɗan yatsa.

Tun da na zo, na ƙara mdbtools a ƙunshin. Ita ba ruwanta da Wine, kai tsaye take karanta fayil ɗin .mdb ta fitar da kowane jadawali a rubutu zalla, wanda ko waya na iya buɗewa. Yanzu duk rufewa, bayan kwafin littafin, ana samun wannan ma a gefe. In wata rana manhajar ɗan bautar ƙasa ta ƙi tashi kwata-kwata, ko ni ba na kusa, sunaye da lambobi na nan a yadda kowane mai shagon kwamfuta zai iya bugawa a takarda.

Asabar, 10 ga Fabrairu

Gwajin da na fi so in yi tun farko, yau aka yi shi. Muka ɗauki filash zuwa shagon buga takardu da ke bayan nasu, mai shagon ya ba mu aron kwamfutarsa yana kallonmu da alamar tambaya. Ta ƙi tashi da farko, sai da na shiga saitin na'urar na kashe Secure Boot, wanda ba ya barin babbar manhajar da ba ta da sa hannun da ya sani. Daga nan F12, ga buhun taki, ga littafi har cinikin jiya da yamma. Muka zare, na mayar masa da saitinsa, kwamfutarsa ta koma Windows ɗinta ba abin da ya taɓu. Na nuna wa yaron matakan sau biyu, ya yi da kansa a na uku, na rubuta masa su a bayan kwalin maganin feshi ya manna a bango.

Kawu ya sa an yi wa filash ɗin igiyar fata kamar laya, ya haɗa shi da makullan shago. Na ce masa duk wanda ya tsinci wannan ya tsinci sirrin bashin mutane, don babu kalmar sirri a kansa. Ya ce makullin shagon ma haka ne. Duk da haka na sayo na biyu, na gwada shi da f3, na kwafe komai, zai zauna a gida wurin Inna, yaron zai riƙa sabunta jakar LITTAFI a kansa duk Juma'a. Littafin makaranta kuma Kawu ya ce ba za a daina ba sai an ga girbi, ban yi musu ba.

Firinta ce ta rage. Wine ba ya bugawa da kansa, sai ta hannun CUPS, mai kula da firinta a Linux, kuma ita ma tana son ɗan'uwanta na 32, libcups2, kafin manhajar ta ga akwai firinta a duniya. Na ɗora su, manhajar ta ga sunan firintar, na danna buga rasit, fitila ta yi ƙyafta-ƙyafta, takarda ba ta fito ba. A yanzu yaron na rubuta rasit da hannu. Zan ɗauko firintar in zo da ita Birnin Kebbi ranar Laraba in zauna da ita, in ta ƙi kuma in gwada fitar da rasit ɗin a PDF a riƙa tura wa masu waya ta WhatsApp. Sai kuma maganar root da na ɗage, da batirin agogon cikin kwamfutar, CR2032, da na ga alamar ya fara sanyi. Shi ma in ya mutu kwanan wata zai sake karkacewa, don haka zan sayo guda biyu in tafi da su.